Shekarar da Kunama Ya Yi Shiru

Ku 'ya'yan Basiru, wannan babin naku ne, don haka ku ajiye wayoyin nan ku karanta da kyau. Ranar suna a gidanmu na Jisonayili na ji ku a bayan ɗaki kuna kunna tsohuwar waƙar nan ta Harsashi, kuna dariya ƙasa-ƙasa, har ƙaramarku tana cewa ashe an taɓa yi wa Baba kaca-kaca a waƙa ya kasa ramawa. Ubanku yana jin ku, ya ci gaba da raba goronsa bai ce uffan ba. Sama da shekara ashirin ke nan yana wannan shirun. To ni ba a san ni da shiru ba, kuma tunda ni na ƙulla abin, ni zan kwance shi. Ubanku yana da amsa. Ni na tsara masa ita, ni kuma na hana shi rerawa.

A lokacin muna zaune a unguwar Aboabo, nan Tamale. Ina sayar da koko da ƙosai a bakin kasuwa, Malam kakanku yana ɗinki a shagonsa. Teburin da ke jikin nawa na Azara ne, 'yar Dagomba mai soya wagashi, cukun nan da kuke wawa a kansa. Tun muna amare muke tare. Ni na riƙe ta ranar da ta haifi Idi, ita ta riƙe ni da na haifi Basiru wata biyu bayan haka, kuma yaran nan a kwano ɗaya suka tashi. Ko da mijinta Alhaji Sumani ya rasu suka koma unguwar Choggu, teburinta bai matsa daga jikin nawa ba. Idan na je salla ita ke zuba wa mutanena koko, idan ta je ni ke juya mata wagashi.

Sai gambarar Amurka ta shigo gari a kaset, yaranmu suka haukace. Cikin zafin Tamale, wanda ko akuya inuwa take nema, za ka ga Basiru da Idi cikin wasu riguna masu kauri kamar bargo, wando ya zazzago, ga sarƙar babur da aka wanke da kalanzir an rataya a wuya. Basiru ya zama Kunama, Idi ya zama Harsashi. Waƙoƙinsu duk bindiga ce da 'yan sanda da gawarwaki, alhali ubanku ko kaza za a yanka sai ya tuna yana da aike. Malam yakan bi shi da kallo ya girgiza kai.

"Ni tela ne, ɗana yana yawo da wando a gwiwa. Mutane za su ce ni na auna masa."

Abin da ya raba su bai taka kara ya karya ba. An buga takardar sanarwar wani wasa, mai bugawa ya sa sunan Harsashi a sama da manyan baƙaƙe, na Kunama a ƙasa. Shi ke nan aka yi baram-baram. Dama sun ji cewa a Amurka mawaƙan gabas da na yamma da waƙa suke yaƙi, har akan rasa rai, sai samarin Aboabo suka bi Basiru, na Choggu suka bi Idi, aka ce ga gabas ga yamma. Unguwannin da ko man babur na kirki ba ka ƙonawa tsakaninsu.

Wata safiya layi ya cika a gabana, rediyon mai shayi yana ta kaɗe-kaɗe, sai na ji muryar Idi, yaron da na goya da zanina, yana cewa:

"Ɗan mai koko, muryarka ruwa-ruwa,
irin na ƙarshen tukunya da aka ƙara wa ruwa."

Layin nan kaf ya fashe da dariya. Wani dattijo har ya leƙa kofinsa ya ce a gyara masa. Na juya na dubi Azara, tana ta juya wagashinta kamar ba ta ji ba.

"Yaran zamani," in ji ta, "ba su da kunya koraa, ko kaɗan."

Abin da yaran ba su sani ba shi ne, sun taɓo gidan waƙa. Innata zabiya ce, da ƙwaryarta ta zo Tamale daga ƙasar Hausa, kuma babu bikin da ake yi a zango ba a kira ta ba. Ni ma na yi amshi a bayanta, na yi habaici har matan aure suna ɓoye fuska a gyale. Da Malam zai aure ni ya roƙe ni in ajiye, na ajiye, amma shekara ashirin da biyar bakina yana ƙaiƙayi. Da yamma na tarar da Basiru a tsakar gida yana haɗa amsa, sai ashar da Turanci da alkawarin zai harbe kowa a Choggu. Na saurara har ya gama, dariya ta kusa kayar da ni daga kan kujera.

"Wannan ba zambo ba ne, ihu ne. Wa ka taɓa harba?"

"Mma, haka ake yin dis, zambon zamani. Ba za ki gane ba."

"Ni ce ba zan gane ba? Zauna. Zambo ƙaramin abu yake nema, wanda yake gaskiya, wanda kowa ya gani amma ba wanda ya faɗa. Takalmin da Idi yake hawa dandali da shi, na wa ne?"

Ya ce na yayan Idi ne, kuma ya yi masa kaɗan. Kafin tuwo ya nuna na ba shi baiti takwas. Wanda gari ya ɗauka shi ne:

"Takalmin aro, yatsu suna kuka,
mai shi yana bakin ƙofa, yana jiran ka sauka."

Cikin mako ɗaya masu babur suna rera shi, yara suna bin Idi suna kallon ƙafarsa. Ban ɓoye muku ba, na ji daɗi ƙwarai. Ina zuba koko ina jin baitina a bakin mutanen da ba su san nawa ba ne, har ƙosai nake ƙara wa duk wanda ya rera daidai. Na lura Basiru ya daka ihun "Harsashi!" a farkon waƙar, wanda a namu tsarin ba a yi, domin habaici ba ya kama suna, mai miki shi ya san inda yake masa ciwo. Amma na ce ai sunan wasa ne, na kau da kai.

Amsar Idi da ta fito, nan na gane ba shi kaɗai ba ne. Ya kawo labarin wata mai koko da ta je koyon babur, ta rufta cikin teburin mai tumatir, ta tashi ta ce akuya ce ta gilma. To babu akuya a wurin nan. Mutum biyu ne a duniya suka san babu akuya: ni da wadda na goyo a bayan babur ɗin. Washegari na iso kasuwa na tarar da ita ta riga ni, har ta share mini wurina.

"Dasiba, Adiza," ta gaishe ni da Dagbanci.

"Naa. Azara, ashe Idi ya san tarihi."

"Yaron nan kanshi yana ja. Ban san inda yake samun magana ba. Basiru ma, wannan takalmi, wa ya koya mishi?"

"Baiwa ce daga Allah."

"Allah ya ƙara baiwa."

"Amin, har da naku."

Haka muka kwashe wata huɗu. Da rana muna cin abinci a kwano ɗaya, ina riƙe mata teburi tana riƙe mini, da yamma kowa ta koma gida ta wasa wuƙarta. Na ba da labarin ranar da Azara ta kai wa surukanta miya ba gishiri, ta ba da na ranar da ɗankwalina ya tashi a filin sallar Idi na bi shi da gudu cikin sahun maza. Ba wadda ta taɓa cewa ga abin da muke yi. Malam kaɗai ya gano, don ya san muryata ko a bakin wa ta fito. Ya ce mini tsofai-tsofai da mu muna wasa da wuta, na ce masa ya ji da wandunansa. A gaskiya ban taɓa jin daɗin wata shekara kamar waɗannan watannin ba.

Ana cikin azumi aka sanar cewa washegarin Salla za a haɗa Kunama da Harsashi a dandali ɗaya, jama'a su yanke hukunci. Sai Idi ya saki sabuwa don share fage. A cikinta ya kira Basiru jikan maroƙiya, ya ce kakarsa da ƙwarya ta zo garin nan tana bin gidajen biki ana jefa mata kwabo. An ce wanzami ba ya son jarfa, kuma gaskiya ne. Ni da na yi wa rabin zango habaici, ranar nan kuka na yi a bayan tukunyar koko. Innata ta rasu ba ta da ko zanin kirki, kuma kalmar nan ita ce aka yi ta jifanta da ita har kabari. Ban tsaya tambayar ko Azara ce ta ba shi ko shi ya tsinto ba. Na tattara kayana da wuri na tafi gida zuciyata tana tafasa.

Akwai abin da Azara ta faɗa mini tana cikin takaba, mu biyu a ɗaki, hannunta cikin nawa. Alhaji Sumani bai taɓa zuwa Makka ba. Ya kama hanya ta ƙasa yana saurayi, guzuri ya ƙare masa a Njamena, ya yi shekara biyu yana dako. Kunyar dawowa hannu rabbana, bayan duk unguwa ta raka shi tasha da addu'a, ta sa ya je wurin maƙeri aka sa masa haƙorin gwal. Ya dawo aka yi ta Alhaji, Alhaji, ya kasa cewa a'a, har ya mutu abin yana cin sa. Matarsa kaɗai ya faɗa wa, ko 'ya'yansa ba su sani ba. Wannan amanar na ɗauko na yi baiti da ita:

"Haƙorin gwal a baki, an ce na Makka ne,
tambayi maƙerin Njamena, shi ya san na wane ne."

A lissafina, mutum ɗaya ce tak za ta gane shi a duk Tamale. Zai soke ta, ta san na ji ciwo, jama'a kuma su yi ta rawa ba su san komai ba. Haka Innata take yi, haka duk zabiyar da na sani take yi. Basiru ya ce baitin ya yi daɗi amma bai gane ba, ni kuma da fushi a kaina na zayyana masa komai. Magana zarar bunu ce.

Ana saura kwana uku Salla ya dawo daga situdiyo da faifai, ya kunna mana a tsakar gida bayan la'asar, yana tsalle. Kiɗan ya yi daɗi, ban taɓa jin muryarsa ta zauna haka ba. Baitina ya zo ya wuce. Sai na ji kiɗa ya tsaya cak, muryar ɗana ta fito ita kaɗai:

"Alhaji Sumani! Wane Alhaji? Harsashi, ubanka a Cadi ya yi Arfa!"

Malam yana zaune a tabarma da carbinsa, bai ɗaga murya ba, bai ma dubi Basiru ba. Ni ya duba.

"Mutumin nan ni na yi masa wanka, Adiza. Ni na sa shi a likkafani. Yau ke za ki tone shi?"

Na ce wa Basiru ya cire sunan. Ya ce a wannan waƙar idan ba ka kama suna ba tsoro ka ji, kuma abokansa biyu da mai situdiyo sun riga sun ji, ko ya cire za a san da wa ake. Na ce to a bar waƙar gaba ɗaya. Ya dube ni kamar na zare.

"Mma, duk Aboabo suna jirana. Kakata ya zaga fa, uwarki! Ke kika ba ni, yanzu ki ce in bari? Kwana huɗu ya rage, me zan hau da shi?"

Gaskiyarsa ce, kuma ba ni da abin ba shi, don duk wani baiti ya gudu daga kaina. Abin da nake gani kawai shi ne Azara a tsakiyar kasuwa ana nuna ta, da Idi yana jin labarin ubansa daga lasifika a gaban dubban mutane. Washegari na hau babur na je situdiyon nan, na zauna a kan kujerar mai shi na ce ba inda za ni sai ya goge. Yaro ne mai ladabi, ya goge a gabana, na sa shi da abokan nan biyu suka yi mini rantsuwa. Faifan kuma na jefa shi a murhu. Amma waƙar tana cikin kan Basiru, kuma nan ba a gogewa. Saboda haka ranar Salla, bayan an sauko daga sallar Idi, na kira shi ɗaki na yi abin da ban taɓa yi wa ɗa ba, ban kuma sake ba. Na dafa ƙirjina na ce masa idan kalma ɗaya daga cikin maganar nan ta fita daga bakinsa, a dandali ko a wani wuri, ban yafe masa nonon da ya sha ba. Ya daɗe yana kallona, hawaye suna zuba a kan sabuwar rigar da ubansa ya ɗinka masa. Ya juya ya fita.

Ban je wurin wasan ba, labari aka kawo mini. Idi ya hau ya yi ta zuba, Choggu suna ihu. Aka miƙa wa Basiru makirfo, Aboabo suka miƙe tsaye suna jiran sabuwa. Ya tsaya, ya tsaya, sannan ya rera tsohuwar waƙar takalmi da kowa ya gaji da ita. Aka yi masa ature da ledojin ruwa, nasa mutanen ne ma suka fara. Kafin ya sauko an raɗa masa Kunama-ba-ƙari. Bayan sati biyu ya haɗa kayansa ya tafi Kumasi koyon gyaran mota, bai yi mini sallama ba, kuma bai sake riƙe makirfo ba har yau. Yaron yana da murya, wannan ba son kai na uwa ba ne. Ni na kashe masa waƙa, kuma na san haka.

Ranar da aka koma kasuwa kuwa, Azara ta zo da sabon zani, ta ajiye kaskonta, ta yi rawa a gaban teburina tun daga wannan kusurwa har waccan, mata suna yi mata guɗa.

"Adiza, ina baiwan? Baiwa ya ƙare?"

Amsa goma ta zo mini baki, kowace ta fi wata kaifi. Na haɗiye su duka na ce mata Allah ya sa alheri. A rayuwata ba a taɓa cin ni a magana ba sai ranar, kuma na fi wata guda abinci ba ya yi mini daɗi.

Shekara biyu Basiru bai zo ko Salla ba. Wata rana da hantsi ina kwashe ƙosai sai ga shi tsaye a gabana, ya yi baƙi ya rame, Idi yana riƙe da jakarsa. Idi ya ce uwarsa ce ta hana shi sakat, ta ce kada ya sake cin tuwonta sai ya je Kumasi ya dawo da ɗan'uwansa. Ni dai ban tambayi dalili ba, na rungume ɗana ƙosai yana ƙonewa. Daga baya tare suka buɗe garejin da kuke ci daga cikinsa yanzu. Kullum suna tare a ƙarƙashin mota, Idi yana tsokanarsa da Kunama-ba-ƙari a gaban masu kawo gyara, ubanku yana dariya, da maganar nan a cikinsa. Ko uwarku bai faɗa wa ba. Duk wanda ya ce muku matsoraci ne, ku turo mini shi.

Bara Idi ya sake zuwa Makka karo na biyu. Da ya dawo, a gaban jama'ar da suka zo taryarsa a Choggu, ya faɗa da bakinsa cewa wannan hajjin na ubansa ne, wanda ya kama hanya Allah bai nufa ya isa ba. Ashe Azara ta zaunar da shi ta faɗa masa komai. Ba wanda ya yi dariya, tsofaffi ma kuka suka yi. Da taro ya lafa na sami Azara a ɗakinta, ƙafafu sun kumbura, tana jiƙa dabino a ruwa don haƙora sun tafi. Na zauna na ce ina da laifin da na daɗe ina ɗauke da shi, na fara ba ta labari. Ban kai rabi ba ta ɗaga mini hannu.

"Ke, na sani. Ranar da Idi ya ce jikan maroƙiya, ba ni na ba shi ba, amma na ga fuskanki. Na san abin da ke hannunki. Azumin nan duka na ce shi ke nan, Adiza zai gama da mu. Da aka ce Basiru ya hau ya yi shiru, na san wa ya rufe mishi baki."

"Kin sani, kuma kika zo kika yi mini rawa a gaban teburi?"

"To me zan yi? In ban yi rawa ba kuka zan yi, duk kasuwa su tambaya mene ne."

Muka yi ta dariya muna share hawaye da bakin gyale. Na ce mata ina son in rubuta wa jikokina labarin nan, da haƙorin da komai, idan ta yarda. Ta tauna dabinonta ta yi tunani.

"Rubuta. Ki gaya musu ubansu ya rufa ma mijina asiri, ni Azara ban manta ba, har in mutu ina mishi addu'a." Sai ta nuna ni da yatsa. "Amma ki rubuta a waƙa yarona ne ya ci."

Ga shi na rubuta, Azara. Ɗanki ne ya ci.